An Gwada Miyaunsa, An Ƙwace Mini Tukunya

Inna, assalamu alaikum. Don Allah ki taimake ni da shawara kafin in aikata abin da zan zo ina cizon yatsa, don wallahi hannuna ya riga ya kai ga murfin kwalbar nan sau ɗaya, Allah ne kawai ya tsare. Na san ba ki gane wace kwalba nake nufi ba. Ki yi haƙuri da ni, zan zo kanta. Ni dama ba na iya ba da labari a miƙe, masu zuwa shagona sun sani.

Ni mai gyaran gashi ce. Shagona yana jikin gidanmu, ƙofa ɗaya ce ta raba shi da kicin. Maigidana ma'aikacin maɗaba'a ne, shi ke kula da injin buga littattafai, kullum da baƙin tawada a gefen farcensa yake dawowa. Mun kusa shekara ashirin da aure. 'Ya'yanmu uku, maza biyu suna makarantar kwana, sai Auta mai shekara goma sha huɗu, ita ce a gabanmu. Duk tsawon zaman nan, mutumin nan bai san abincin kowa ba sai nawa. Ko an yi walima a wurin aikinsu, sai ya ɗan taɓa don kunya, ya dawo gida ya ce in zubo masa. Sau nawa nake barin mace da rabin kai a tsefe in ruga in duba tukunya, tana mita ina ba ta haƙuri. Ba yabon kai ba, Inna, na iya girki. Ko maƙiyina ya ci sai ya lashe yatsa kafin ya ci gaba da ƙina.

To maigidan nawa 'yan biyu ne, abokiyar tagwaicinsa mace ce. Yara na ce mata Gwaggo, ni ma haka nake kiranta. Ita ta riga shi fitowa duniya, kuma har gobe ba ta bari a manta, Ƙaramin take ce masa ko a gaban baƙi, da furfurarsa da komai. Mijinta ya rasu da jimawa, 'ya'yanta duk sun yi nisa, ita kaɗai ce a gidanta, kuma gidan yana bayan maɗaba'ar da yake aiki. Da can lafiya lau muke. Ni nake yi mata kitso, ko sisinta ban taɓa karɓa ba.

Bara babban yayansu ya yanke jiki ya faɗi a wurin aiki, hawan jini, bai tashi ba. Haka ma mahaifinsu ya tafi. Bayan an share makoki sai Gwaggo ta zo da wani sabon salo da ta gani a waya. Wai akwai kamfanin da ke aiko maka da 'yar kwalba, ka tofa miyau a ciki har ya kai wani zane, ka rufe ka mayar musu. Su kuma su duba ƙwayoyin gadon da ke jikinka, wato abin da ka gado daga iyaye, su faɗa maka irin abincin da jikinka ke so da wanda yake cutar da kai. Ta sayo biyu, ɗaya nata ɗaya na Ƙaramin. A falona suka zauna suna tofe-tofe suna dariya kamar yara, ni ma har da ni a dariyar, na ce oh ni, duniya ta zo ƙarshe, miyau ma ya zama abin aikawa a akwati. Da na san abin da zai biyo baya da ban buɗe haƙorana ba.

Sakamako ya iso a wayarsu, launi-launi: kore ka ci, rawaya ka rage, ja ka bari. Sai ga nasu ya zo kusan iri ɗaya. Madara ja, gishiri ja, kofi rawaya, kifi da wake da ganye kore. Inna, ki ga murna wurin matar nan! Sai ka ce an yi mata albishir da kujerar mulki. Tun daga ranar bakinta bai huta da kalmar "mu" ba. Mu jikinmu ba ya ɗaukar madara. Mu gadonmu ba ya son gishiri. In na miƙa mata shayi sai ta tura kofin gefe, ta ce ni dai in sha abina, ai ni jikina daban ne, gadona ba ɗaya ba ne da nasu. Ranar da ta fara faɗin haka sai da na ajiye faranti na dube ta. Shekara kusan ashirin muna gado ɗaya da mutumin nan, ni nake shimfiɗa shi ni nake kaɗe shi, yau an wayi gari a cikin falona ana gaya mini gadonmu ba ɗaya ba. Na san ba gadon kwana take nufi ba, ba ni da taɓin hankali. Amma haka maganar ta sauka a kunnena, kuma haka ta zauna.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne maganar madarar nan. Tun muna amare nake gaya masa madara ba ta karɓe shi ba. In ya sha shayi mai kauri da safe, kafin ya gama ɗaura agogo cikinsa ya fara ƙugi, har Auta na cewa injin Baba ya tashi. Na faɗa, na sake faɗa, ya ce ni likitar gashi ce, in tsaya a kan gashi. Yau waya ta nuna masa jan launi, ko musu bai yi ba, ya ajiye madara kamar bai taɓa saninta ba. Wato ni da nake jin ƙugin da kunnena ban isa ba, sai wasu da ba su taɓa ganin fuskarsa ba sun duba tofinsa.

Daga nan Gwaggo ta ce tunda abincinsu ɗaya ne, kuma ita kaɗai take girki, ai asara ce a ɗora tukunya biyu. Ya riƙa biyowa ta gidanta da rana. Ya ce to. Ko shawara ba a yi da ni ba, labari aka ba ni. Ana nan sai ta fara zuba masa na dare a kula ya taho da shi. Yanzu in muka zauna a tebur, ni da Auta da tukunyata a gefe ɗaya, shi da kular Gwaggo a ɗaya gefen. In ya gama sai ya kai kular wurin wanke-wanke ya ajiye. Wa zai wanke? Ni. Ni ce mai wanke kwanon da aka kore ni da shi.

Kada ki ce ban gwada ba. Na karɓi wayarsa na duba launukan nan ɗaya bayan ɗaya, na rufe shago da wuri, na dafa masa kifi da ganye da 'yar shinkafa, gishiri ko ƙwaya ban sa ba. Ya ci, ya ce sannu da ƙoƙari. Sannu da ƙoƙari fa, Inna, kamar wata 'yar koyo! Sannan ya ƙara da cewa in samu lokaci in je Gwaggo ta nuna mini yadda take yi nata ya yi ɗanɗano ba gishiri. Na kwashe kwanuka. Washegari da zan wanke kular sai na ga ragowar miya a gindinta. Na leƙa ba kowa, na sa yatsa na ɗanɗana. Addu'a nake a raina Allah ya sa in ji gishiri, in kama ta da ha'inci in kai masa. Babu. Lemun tsami ne da tafarnuwa da citta da wani abin da ban gane ba, kuma wallahi ta yi daɗi. A nan na tsaya gaban famfo ina hawaye, ga mace a shago da man kitso a kai tana ƙwala mini kira.

Gaskiya ɗaya ce, ba zan ɓoye ba: ya samu sauƙi. Tumbin ya ragu, ya daina haki in ya hau bene, likitan da ke duba jininsa ya yaba. Ya kamata in yi murna, kuma ina yi, mijina ne, uban 'ya'yana. Amma duk lokacin da aka ce masa kai, ka koma saurayi, sai ya ce aikin Gwaggo ne. Sai in ji kamar an ce shekarun da na yi ina ciyar da shi guba nake ba shi. Kishi nake yi, Inna, na faɗa da bakina. Kishi da 'yar'uwar mijina, ciki ɗaya rana ɗaya, abin da ko ƙawata ban iya gaya wa ba don dariya za ta yi mini. In na ji yana waya da ita suna lissafin abin da za a dafa gobe suna ƙyalƙyata dariya, sai in ja ƙofar shago in rufe.

Yanzu na zo kan kwalbar. Kwanan baya Gwaggo ta shigo da leda, ta ce tsaraba ta kawo wa Auta. Kwalbar miyau ce ta uku. Ta ce a gwada yarinya tun da wuri a san ko tasu ce. Ko tasu ce! Yarinyar da na yi naƙudarta. Ita kuma Auta sai tsalle take, har ta fara ture kofin madararta da safe, wai ƙila ita ma irin su Baba ce. Da yake yarinya ce ƙarama, kamfanin ya ce sai iyaye sun amince. Uban ya amince, ni ake jira. Na ɗora kwalbar a saman firij ina ta kawo uzuri, yau ciwon kai gobe aiki ya yi yawa.

Tsorona a fili yake. In sakamakon Auta ya bi nasu, kula biyu za a riƙa kawowa gidan nan, ni kaɗai zan zauna da tukunyata a ƙarshen tebur kamar 'yar haya. Shi ne shekaranjiya da hantsi, shago ba kowa, na sauko da kwalbar. Zuciyata ta ce mini, ke ki tofa naki mana, ki rufe, ki ce na Auta ne kin aika. Sakamako zai fito irin jikinki, yarinya ta ci gaba da cin abincinki, wa zai sani? Har na murɗe murfin na kai bakina, sai aka ƙwanƙwasa ƙofar shago. Na mayar na rufe. Kwalbar na nan, kuma tunanin bai bar ni ba.

Inna, in tofa ne? In jefa ta a shara in ce ta ɓace? Ko in bari a gwada, in zuba ido a raba ni da 'yata kamar yadda aka raba ni da ubanta? Ki gaya mini gaskiya ko da za ta yi mini ɗaci.

Taki,
Mai tukunyar da ta huce

*

Wa alaikumus salam, 'yata.

Na karanta wasiƙarki, na yi dariya a wani wurin, a wani wurin kuma na ajiye tabarau. Bari in fara da abin da ba ya jira: kada ki tofa. Ki ɗauke kwalbar daga saman firij ki ba maigidanki ya ajiye a wurinsa, don abin da ido ke gani kullum zuciya ba ta daina saƙa shi. Dalilan suna tafe.

Kishinki ba abin dariya ba ne, kuma ba hauka ba ne. Girki shi ne bakin da kika yi shekaru kina gaya wa mijinki kina son sa, aka zo aka rufe miki shi ba sallama. An yi miki ba daidai ba a wuri uku: an yanke shawarar cikin mijinki ba ki, an bar miki wankin kula, an kuma sa ki a wajen kalmar "mu" a cikin falonki. Kaso mafi girma na laifin nan na maigidanki ne. Shi ya san darajar tukunyarki, shi ya kamata ya ce wa 'yar'uwarsa ta dakata ya ji ta bakin matarsa. Na fi zaton ba da mugunta ya yi ba. Ya ga hanya mai sauƙi ya bi, ke kuma kika yi shiru, ya ɗauka shirun yarda ce.

Sai dai ki sake duba wasiƙarki. Rasuwar yayansu layi biyu kika ba ta, kika wuce. Ni kuwa a nan na ga tushen maganar. Matar nan ta binne uba, ta binne miji, ta binne wa, ciwo ɗaya ya raba ta da biyu daga cikinsu, wanda ya rage mata shi ne wanda suka kwanta ciki ɗaya. Duk cokalin da take zuba masa, tsoro ne ke riƙe da shi. Ga kaɗaici kuma: mace mai girka wa bakinta ita kaɗai ta samu wanda zai zo ya ci ya yaba. Wannan bai wanke ta daga kaifin baki ba, amma ban ga alamar mijinki take son ƙwacewa ba. So take ya rayu, ke ma abin da kike so ke nan.

Game da gwajin, na tuntuɓi wata likita kafin in amsa miki. Ta ce 'yan biyu mace da namiji ba su fi sauran 'yan'uwa kama da juna a ƙwayoyin gado ba, don haka kada a mayar da abin kamar su jinsi guda ne ke baƙuwa. Ta ce gwajin kan iya nuna wasu abubuwa, kamar rashin jituwa da madara, amma a yawancin sauran hasashe ne, ba hukunci ba. Rage gishiri da yawaita ganye da kifi da wake shawara ce da ake ba kusan duk mai hawan jini, ko an duba miyaunsa ko ba a duba ba. Ma'ana abincin da ya karɓi mijinki ba sirrin wani gida ba ne. Zai dafu a tukunyarki, kuma ke da Auta za ku iya ci tare da shi. Ku kai sakamakon wurin likitan da ke duba shi, ki bi shi ku shiga tare, ki yi tambayoyinki da bakinki.

Sannan ki zaunar da shi a lokacin da ya ƙoshi kuma ba ya sauri. Kada ki fara da Gwaggo, don ɗan'uwa rabin jiki ne, kina taɓa ta zai tashi kare ta, maganarki ta bi iska. Ki fara da kanki. Ki gaya masa abin da kika gaya mini, har da tsayuwarki gaban famfo. Ki tuna masa wa ya fara yi masa maganar madara, amma da murmushi, sau ɗaya. Ki nemi abu takamaimai: karin safe da abincin dare na gidansa ne, tukunya ɗaya, kowa ya ci. Na rana ki bar wa Gwaggo da zuciya ɗaya, kusa take da aikinsa, kuma kin ga amfanin hakan a jikinsa. In kula ta sake shigowa gidan, wanda ya ci ya wanke.

Zuwa kicin ɗin Gwaggo kuwa, ki je, ba faɗuwa ba ce. Wanda ya iya girki ne ke gane miyar da ta yi daɗi, ke kuwa da yatsa ɗaya kika gano uku daga cikin kayan haɗinta. Ki tambaye ta na huɗun. In kun zauna, ki tambaye ta yadda take ji tun rasuwar yayansu, ina zaton ba wanda ya tambaye ta. Bayan nan ne za ki gaya mata a hankali cewa kalmar "tasu" ta yi miki ciwo. Mai yiwuwa ba ta san ta faɗa da kaifi ba.

Yanzu Auta. In kika tofa, kin rubuta ƙarya a kan lafiyar 'yarki da sunanta, kuma wata rana ana iya dogara da ita a yi mata abin da bai dace da jikinta ba. In ta gane, kuma irin wannan ba ya ɓoyuwa har abada, ba tebur kaɗai za ta bar miki ba. Jefarwa a shara ma ƙaramar ƙarya ce da za ta haifi kwalba ta huɗu. Kina da hanyar da ta fi duka: ke uwa ce, an ce sai da yardarki, to ki ce ba yanzu ba, a fili, gaban uban da gwaggon. Hujjarki mai ƙarfi ce. Yarinya mai tasowa ba a yanke mata abinci sai likita ya gani. Bayanin ƙwayoyin gadonta kuma in ya shiga hannun kamfani da wuya ya dawo, don haka a bari ta girma ta zaɓa da kanta. In madara na damun cikinta da gaske, a kai ta asibiti a duba. Ki bayyana mata haka da kanki, kada ta ji a bakin wani.

Kin tambaye ni ko za a raba ki da 'yarki. Ki kwantar da hankalinki. Kina neman ki saka kanki cikin kwalbar Auta a ɓoye, alhali kina ciki tun kafin a ƙera kwalbar. Duk ranar da yarinyar nan ta tofa, a gwada a nan ko a bangon duniya, rabin abin da za a gani naki ne, kuma babu gwaggon da ta isa ta tace shi.

Allah ya ƙara wa maigidanki lafiya, ya sanyaya zuciyar Gwaggo, ya raya miki Auta da yayyenta. Ki tashi ki ɗora tukunya, 'yata, ki dafa na mutum uku.

Inna